Idon Dama da Idon Hagu

Talata, 6 ga Nuwamba

Sun cire bandejin. Ashe wutar gas shuɗiya ce haka! Na tsaya gaban murhu ina kallo har ruwan shayi ya ƙafe a buta. Likita Onodera, wadda ba ta kai 'yata shekaru ba, ta ce haka kowa ke ji in an cire masa yanar ido. Kowa. Yau ni ma na zama kowa.

Laraba, 7 ga Nuwamba

Na gano wani abu. In na rufe idon hagu, bango fari fat. In na rufe na dama, wanda aka yi wa aiki, sai bangon ya koma kamar an jiƙa shi a shayi. Duniya biyu a kai ɗaya! Shekara da shekaru ina kallo ta cikin ruwan ɗorawa ban sani ba, domin ƙwaƙwalwa tana gyarawa a ɓoye.

Wannan fa shi na koyar a jami'a kafin su rufe sashen falsafa su buɗe na harkar otal. Tabbatar abu. Gawayi a rana ya fi takarda a inuwa turo haske, amma ido bai taɓa kiran gawayi fari ba. Mai tahowa daga nesa ba ma cewa girma yake yi. Jariri yakan gane uwarsa tana nan ko ta fita ɗaki. Na ce musu duk abu guda ne, kuma mutumin kirki shi ne wanda ba ya sauyawa. Suka yi ta hamma. Ranar sallama aka ba ni furanni da agogo.

To, ga ɗakin gwaji a fuskata. Su zo su rufe wannan.

Asabar, 10 ga Nuwamba

Wurin aski. Ina ta gwada idanu a madubi, sai Hamaguchi ya ɗaga reza. "Malam Kuroiwa, ka daina kanne min ido, matata na ciki." Na yi masa bayani tun daga tushe. Ya ce, "Wato da sabon idon na fi kyau?" Na ce a'a, da shi na ga haƙoransa. Tun muna aji ɗaya jaki ne, amma ya saurare ni har ƙarshe, abin da ɗalibai ba su taɓa yi ba.

Litinin, 12 ga Nuwamba

Awara fara ce. Shinkafa fara ce. Kanyar da maƙwabta suka rataya ta bushe a baranda, kai, kamar garwashi.

Alhamis, 15 ga Nuwamba

Na faɗi a dokin ƙofa. Idanun biyu ba su yarda da juna ba kan inda matakala take. Gwiwa ce kawai. Wani munafuki ya kai wa 'yata Chizuru labari har Hiroshima, kuma na san mai reza ne.

Lahadi, 18 ga Nuwamba

Ta zo ta jirgin ƙasan safe da fuskar uwarta ta ranar faɗa. Ba ta ko ajiye jaka ba.

"Baba, an ba ka ashirin ga Disamba don idon hagu, ka ce ba ka zuwa. Me ya sa?"

Na ce bincike nake yi, in aka gyara na hagu ba ni da abin kwatantawa.

"Binciken da wa zai karanta?"

Wannan ta shiga. Ta ce zaɓi biyu ne: ko in je a yi aikin, ko ta rufe gidan nan bayan sabuwar shekara ta tafi da ni. Wai sun gyara min ɗaki. Ɗaki a hawa na tara, taga na kallon wurin ajiye motoci. Ni da aka haifa a Tsuwano.

Ban gaya mata sauran ba. Da idon hagu, gidan nan yana nan yadda matata Yasue ta bar shi. Ɗumin nan, hasken nan na yamma. Da na dama kuwa, gidan wani tsoho ne da matarsa ta mutu.

Talata, 20 ga Nuwamba

Shafi shida yau! Rabona da rubutu haka tun ina da gashi.

Lahadi, 25 ga Nuwamba

Takardar da ake manna wa ƙofofinmu na katako. Tun rasuwar Yasue na hana a taɓa su, domin ita ta manna su da hannunta, kuma ina ce wa kowa ai har yanzu farare ne. Yau na ɗora sabuwar takardar rubutu a jikin ɗaya, na rufe hagu. Ruwan ƙasa. Kamar busasshen ganyen taba. Kuma duk wanda ya shigo gidan nan yana gani, yana shiru.

Na ji haushi, amma na rubuta. Hujja ce mai kyau.

Litinin, 3 ga Disamba

Abin mamaki: shuɗin idon dama yana raguwa. Wutar gas ba ta razana ni kamar da. Likita ta ce ido bai sauya ba, ƙwaƙwalwa ce ke sabawa, tana matsar da farinta. Wato don fari ya zauna fari, dole wani abu a ciki ya yi ta motsi. Wannan bai dace da shafi na uku ba. Ban yaga shi ba tukuna.

Lahadi, 9 ga Disamba

Chizuru ta dawo da naɗin takardar ƙofa a hammata, wai sharar ƙarshen shekara. Na ce ba a taɓa min. Muka yi ta yi. Daga baya na yarda da ƙofa ɗaya tak, don gwaji, in ga sabuwa kusa da tsohuwa da kowane ido.

Muka ciro ta muka jingina a tsakar gida. Ta tsaya tana kallonta, ta naɗe hannun riga.

"Baba, ka tuna? Rana ɗaya a shekara Mama ke barina."

Kafin in yi magana, fau! Ta zura dunƙule ta cikin takardar. Mace mai 'ya'ya a jami'a. Fau, fau! Tana dariya, hanci na yoyo.

"Saura kai, Farfesa."

Na ce ni ba yaro ba ne. Ta ce ai ko ina yaro ba ta jin na taɓa yi. Na saka yatsa ɗaya. Sai hannu. Kai! Ƙarar nan! Layin ƙasa duk ni na gama da shi.

Da muka jiƙa katakon muna kankare tsohon kullun shinkafa, ta ce, "Kullum kana sama kana karatu in muna wannan. Ka sauko da yamma ka ce, kun gani, takarda mai kyau ba ta tsufa. Mama ta taka min ƙafa kar in yi dariya."

Na san Yasue tana sauya takardar duk shekara mana. Na sani. Ban dai taɓa lura cewa sauyawar ce ke riƙe farin ba.

Da za ta tafi ta ce, "Ashirin ga wata, Baba." Na ce na ji, ba kurma ba ne ni.

Talata, 11 ga Disamba

Ƙofa ɗaya fara cikin huɗu masu datti. Ba ya kalluwa, da kowane ido.

Asabar, 15 ga Disamba

Jiya na yi uku ni kaɗai. Sun karkace, sun yamutse. Hamaguchi ya leƙo ya ce kamar fuskata. Ya ce in fesa musu ruwa kaɗan in bar su, haka uwarsa ke yi. Da safe sun miƙe tsaf kamar fatar ganga! Me ya sa ba a koyar da wannan?

Laraba, 19 ga Disamba

Na ɗaure idon dama da gyalen Yasue, na zaga gidan da na hagu kaɗai. Kicin, matakala, ɗakinmu, wurin da take zama tana ɓare wake. Na daɗe a can. Na ɗora shinkafa gaban hotonta, na gaya mata abin da ba na rubutawa.

Na buga wa Chizuru don in tambaye ta inda ta ajiye burushin kullu, ba don komai ba. A cikin magana na ce gobe ƙarfe nawa jirginta zai iso, tunda asibitin ba sa son a makara. Sai ta ce, "Kar ka ci komai da safe, Baba."

Binciken ya kai inda zai kai, shi ke nan dalili. Ƙofa ɗaya ta rage, ta ɗakinmu. Wannan sai na dawo, in yi ta da ido biyu, kar ta karkace.