Na tona asirin kawuna a gaban kyamara

Assalamu alaikum 'yan uwa. Admin a ɓoye sunana. Don Allah ku ba ni shawara, abin ya fi ƙarfin kaina.

Ni ɗan wajen Batsari ne, shekaru ina fitowa a ƙananan finafinai, yau ɗan acaɓa gobe mai gadi, ba wanda ya san da ni. Bara wani darakta ya zo zai yi fim a kan manoman da 'yan bindiga suka raba da gonakinsu, irin wanda ake ɗauka kamar gaske, ba rubutu. Ya zaunar da ni gaban kyamara ya ce in ba da labari kamar ni abin ya faru da shi. Duk abin da na ƙirƙiro sai ya ce bai taɓa zuciya ba, har ya fara maganar nemo wani.

Nan ne na yi abin kunyar. Kawuna, ƙanen mahaifiyata, shi ya riƙe ni tun ina ɗan yaye. Wata rana da hantsi 'yan bindiga suka ritsa shi a gonar gyaɗarsa ta Karare, suka tuɓe shi, suka sa shi rarrafe yana kukan akuya suna dariya. Da suka tafi buhun taki ya ɗaura, ya ɓuya a kwazazzabo har na kai masa kaya a babur. Ya roƙe ni kada ko matarsa ta ji. To wannan labarin na bayar, har da buhun da wata tsamiya da ke bakin gonar, ina yi ina hawaye.

Fim ya fita, ya zagaya wayoyi, waɗanda ban sani ba suna kirana suna min jaje. Amma mutanen garinmu sun san ba ni da gona, kuma sun san mai tsamiyar. Yanzu a kasuwa wasu na ce masa Mai Buhu a bayan idonsa. Mutumin da ke jan sallah in liman ba ya nan ya koma sahun ƙarshe, ana sallamewa ya fice.

Na je gaishe shi na durƙusa, ya amsa lafiya lau, ya tambayi aiki, ya sa aka kawo min fura. Da zan tafi ya ce, "Na ga fim ɗin naka. Ashe ka iya kuka." Wallahi da marina ya yi da ya fi min sauƙi.

Yanzu daraktan yana son kashi na biyu, ni ne jarumi, damar da na daɗe ina roƙon Allah. Bai san cewa labarin na kawuna ne ba. In na faɗa masa, na san zai ce a kawo kawun shi ma a ɗauka. In na fito na ce ƙarya na yi, na ƙara nuna shi da yatsa.

In karɓi aikin ko in haƙura da fim gaba ɗaya? Kuma ta yaya ake neman gafarar mutumin da ko faɗa ya ƙi yi maka?