An Ari Bakina

Jidda, 9 ga Rajab, 1388

Zuwa ga yayata Barakatu,

Bayan gaisuwa da fatan alheri, ina roƙon Allah ya sa wannan takarda ta same ki lafiya, ya sauƙaƙa miki ciwon gwiwa. Nan unguwar Mahjar kowa lafiya, ni ce dai zuciyata ke tafasa.

Kin san tun rasuwar maigidana nake aiki gidan wani injiniya Bajapane, ina kula da mahaifiyarsa, tsohuwa Tomeko. Shekara uku muna hira da guntun Larabci da nuni da hannu, ban kuwa da wata abokiyar hira a garin nan sai ita. A ƙuruciyarta 'yar wasan silima ce, lokacin da hoto ba ya magana. Ta ce wani namiji ake tsayarwa gefen allo yana faɗin abin da take cewa, har kukanta shi ke yi mata. Mutane kan tafa masa, ita tana zaune a baya. Fim arba'in ta yi haka. Da silima mai sauti ta zo, aka ce harshenta na ƙauye ne, aka sallame ta. Fina-finan kuma yaƙi ya ƙone su.

To, aikin ɗanta ya ƙare. Ta ce ya nemi izini in raka ta ƙasarsu, ko na shekara ɗaya. Shi kuwa ya koyi al'adar nan fiye da kima, bai tambaye ni ba, ya tafi wurin ƙanenmu Abdulwahid, wai shi ne muharramina. Abdulwahid, wanda ni na koya wa alif, ya ce Aishatu ta gode, ba ta so, halas, wato magana ta ƙare. Ya ari bakina ya ci mini albasa, Yaya. Tsohuwa ta hau jirgi ranar Talata tana zaton ni na ƙi ta, ko kallona ba ta yi ba. Sai jiya na ji gaskiya a bakin matar Abdulwahid. Ƙila da an tambaye ni ma a'a zan ce, wa zai bar maƙwabtakar Harami? Amma da na faɗa mata da kaina, ina riƙe da hannunta.

Adireshinta yana wurina, cikin rubutunsu. Duk littattafan da na karanta, ko harafi ɗaya ban iya fitarwa ba. Na rubuta mata gaskiyar magana, adireshin kuwa na zana shi a bayan ambulan kamar mai zanen lalle, gobe zan kai gidan waya. Ki taya ni addu'a ya isa.

Ki gaida Madina da yara, da Kawu Na'ibi. In Abdulwahid ya rubuto cewa ina lafiya, kada ki yarda.

Ƙanwarki,
Aishatu