Tsohuwa Byon Ce a Ƙarshen Layi

Busan, Koriya

Zuwa ga Maman Ningsih,

Sallama da gaisuwa mai tarin yawa. Ya ƙafar Inna, da sauƙi? Ningsih na tafiya makaranta da kanta, ko har yanzu sai an kora ta?

Ni lafiya lau. Kada ki saurari masu cewa na rame, wandon ne ya buɗe. Albishirinki, kotu ta yi gwanjon jirgin nan namu da mai shi ya gudu ya bar mu a ciki. Alƙali ya jera masu bin bashi: kotu ta fara cire ɗawainiyarta, sai albashinmu mu ma'aikatan jirgi, sannan banki. Kin ga mijinki yau a gaban banki!

Ƙarshen layi kuwa Tsohuwa Byon ce, mai kantin da ta yi ta kawo mana shinkafa da kimchi, kabejinsu mai yaji, bashi a ƙaramin kwalekwale, duk tsawon sanyin nan. Lauya ya ce kafin a zo kanta kuɗin sun ƙare. Na je gaishe ta, ta ce, "Kai Warsito, sarkin ci, tafi gida wurin matarka. Da ma don alƙali na ciyar da ku?" Ta ƙara min kifi a kwano. Kantin nata kuwa ya kusa zama wayam.

Na san na yi miki alkawarin sabon rufi kafin damina. Ina roƙo ki bari in ba ta kuɗin rufin, mu ƙara haƙuri da yoyon nan shekara guda. In kin ce a'a, a'a ne. Amma da ba don ita ba, da albashin ne kaɗai zai dawo miki, ban da mai albashin.

Allah ya haɗa fuskokinmu da alheri.

Mijinki,
Warsito