Ƙusoshin Allon Sun Kwanta

Yaya,

Assalamu alaikum. Ya gida, ya Inna da ƙafarta? Maƙwabciyata ce ke rubutawa, ni ina faɗa.

Lafiyarmu ƙalau, jaririya har ta fara rarrafe. Sai dai allon makafin nan da maigida ke karatu da shi da yatsu ya tsaya. Ƙananan ƙusoshinsa da ke zama haruffa duk sun kwanta, ko ɗaya ba ya tasowa.

Yaya, ni ce na jawo. Ina goge tebur wani rubutu ya fito a kwamfutarsa, na danna wani koren wuri a jikinsa don ya tafi. Ni ina na san abin da ya ce? Mai gyara ya ce fayil ɗin da ke haɗa allon da kwamfuta ne ya goge, kuma kamfanin ya daina yin na tsohon allo.

Wurin aikin maigida sun ba shi zuwa ƙarshen mako ya koma aiki. Takardar zamanmu a ƙasar nan kuwa a kan aikin nan take.

Don girman Allah ka nemo faifan da ya zo da allon, a gida muka baro shi, ka aiko mana. Allah ya raya maka zuri'a.

Har yanzu maigida bai tambaye ni yadda aka yi ba. Yana dai zaune yana shafa allon, fuskarsa na wajen da nake.

Ƙanwarka