Sitti Tana Son In Kai Ta Kasuwar Da Ta Daina Ci

Assalamu alaikum Anti Nana. Don Allah ki taimake ni ki karanta wannan har ƙarshe, ko da rubutun bai yi kyau ba. Ban yi nisa a boko ba, da waya nake lalubawa. Ba ni da wanda zan faɗa wa a garin nan, kuma abin ya dame ni.

Ni 'yar wajen Zamfara ce, ban daɗe da zuwa Jidda ba. Ina aiki a wani gida a unguwar Madain Fahd, ina kula da wata tsohuwa, Sitti Mastura. Ɗanta Baba Abdulghani shi ne kafilina, wato wanda ya tsaya mini a takardun aiki, mutumin kirki ne, bai taɓa ɗaga mini murya ba. Su a nan aka haife su duka. Uwar Sitti ce ta taho daga ƙasarmu tana budurwa, a ƙasa suka zo aikin Hajji, ba su koma ba. A gidan Sitti kaɗai ke Hausa sosai, irin ta mutanen da. Baba Abdulghani yana yi yana haɗawa da Larabci, jikarta Ruba kuwa tana ji amma ba ta mayarwa.

Ranar da na zo Sitti ta tambaye ni 'yar ina ce. Da na faɗi sunan ƙauyenmu sai ta kama hannuna ta ƙi saki. Ashe kasuwar Laraba da muke ci, ita ce kasuwar garin uwarta. Ta tambaye ni ko tsamiyar da masu nono ke zama ƙarƙashinta tana nan, na ce tana nan. Ta tambayi mutanen gida, na ce lafiya lau. Anti, ai haka ake amsawa. Ko gawa ce kwance a ɗaki, in babba ya gaishe ka lafiya za ka ce, balle tsohuwa mai ciwon zuciya, balle ranar farko a gidan mutane. Tun daga nan kullum da safe in na kawo mata shayi sai ta tambaye ni ya gari, an yi ruwa, kasuwa ta ci? Ni kuma in ce lafiya, an yi, ta ci.

Gaskiyar ita ce babu kowa a garin. 'Yan bindiga suka tare Babanmu a hanyar dawowa daga kasuwar nan, yana koro awakin da bai sayar ba, suka kashe shi. Bayan nan suka shigo suka ƙone rumfuna. Kowa ya watse. Innarmu da ƙannena suna birni a wani kango da aka ba su aro. An ce ciyawa ta rufe inda ake kasa albasa. Ban taɓa faɗa wa kowa a Jidda ba.

To da zafin nan ya shigo sai suka ce za su je Faransa hutu, da ni za a tafi saboda Sitti. Su suka yi mini biza da komai. A can ba yawon manyan kantuna aka yi ba. Kullum da safe wata ƙaramar bas ke zuwa ta ɗauke mu, mu da wasu baƙi kaɗan, da wata mata 'yar Maroko mai jin Larabci tana yi mana jagora. A kai mu ƙauyuka, a dawo da yamma. Ita ta san ranar da kowace kasuwa ke ci, yau ta wannan gari, gobe ta wancan, kamar dai yadda ake yi a wajenmu. Wallahi ban san Turawa ma suna da ƙauye ba, na ɗauka duk bene ne. Gidajen dutse a kan tudu, lunguna matsattsu ina tura Sitti a kekenta na marasa lafiya yana gargada, ruwa yana zuba a tsakiyar gari ba mai tsaronsa. Akwai gonakin wani fure mai ruwan shuni, ƙamshinsa kamar sabulu, iyakar ganinki.

Ranar farko a kasuwa na sa hannu na latsa kankana don in ji ko ta nuna, mai ita ya yi mini tsawa. Jagorar ta ce a nan ba a taɓa kaya, nunawa ake yi da yatsa, kuma ba a ciniki, abin da aka rubuta shi ake biya. Ruba ta yi ta dariya wai na zo da halin kasuwar Bab Makka ta Jidda har Faransa. Amma Sitti idonta ya buɗe. Ta ga tafarnuwa a kitse an rataye, ta ga zuma, ta ga cukun awaki a jere, ta ga manoma da hannunsu duk kanta. Kowanne ta gani sai ta waiwayo ta tambaye ni akwai wannan a gida? In ce akwai. Don da akwai ɗin. Ba ƙarya ba ne, sai dai da ne.

Akwai wata kasuwa da muka tsaya wajen wata tsohuwa mai sayar da ɓaure. Da aka auna, Sitti ta ce in roƙi gyara, wai uwarta ta ce ba a barin gaban mai kaya sai ya yi gyara. Jagorar ta ce a'a, nan ba su san wannan ba. Sitti ba ta saurare ta ba, ta miƙa tafin hannu ta bar shi a buɗe. Tsohuwar ta kalle ta, ta kalli hannun, sai ta zaɓo ɓaure biyu ta ɗora mata. Sitti ta yi dariya har hawaye, tana ta faɗin uwarta ba ta yi mata ƙarya ba, kasuwa duk ɗaya ce. A bas ta sa Ruba ta faɗa wa sauran baƙin cewa garinsu kamar haka yake, ga 'yar garin nan ma a tambaye ta. Duk suka juyo suna yi mini murmushi. Jagorar ta ce lalle na yi dace da gari. Na juya fuskata jikin taga. Muna wuce mutane suna komawa gida da kwanduna, wani tsoho a keke da burodi a hammata, hankali kwance, ba ya waiwaye. Shi ne abin da ya fi ci mini rai, Anti. Ba ya waiwaye. Ban san ana dawowa daga kasuwa haka ba, na manta.

Tunda muka dawo Sitti ta canja. Tana cin abinci, tana takawa da sanda har bakin ƙofa, likitanta ma ya yi mamaki. Sai Baba Abdulghani ya ce halas, wato shi ke nan, in sanyi ya shigo zai kai ta garin uwarta, irin tafiyar Faransa sak. A sauka birni, a ɗauki ƙaramar bas ranar Laraba, a ci kasuwa a dawo, ni ce jagora. Ya ce ya ji ana cewa akwai fitina a Najeriya, ya tambaye ni hanyar tamu fa? A gaban Sitti ya tambaya, tana kallon bakina. Na ce lafiya. Ya ce to ai 'yar gari ta fi waya sani.

Yanzu Sitti ta sa an kai ta kasuwar Balad ta sayo tsaraba, turare da dabino da mayafai, wai na dangin uwarta da za mu nemo. Har da carbi na Babanmu. Ni ta ba in zaɓi kalar da yake so. Na zaɓi baƙi, na shiga banɗaki na kunna famfo don kar a ji ni.

Anti ya zan yi? In na faɗa ina tsoron zuciyarta ta tsaya, ya zama ni na kashe ta. Ina tsoron su ce maƙaryaciya suka ajiye a gida, a soke iƙamata, wato takardar zamana, a mayar da ni, alhali Inna da yara ni suke kallo. In na yi shiru kuma zan ɗauki tsohuwa da ɗanta da jikarta in sa su a hanyar da ta cinye Babana. Ina sonta, tana ce mini ɗiyata. Baba Abdulghani ya ce ƙarshen watan nan zai yanki tikiti. Don Allah ki amsa mini da wuri.

Taki,
Mai Tura Keke, Madain Fahd

Wa alaikumus salam, ƙanwata.

Kafin komai, Allah ya jiƙan Babanki, ya sa kwanciya hutu ce. Na lura tun zuwanki ƙasar nan ba wanda ya yi miki gaisuwarsa, domin ba wanda ya sani. To ni na yi miki, kuma na san masu karanta filin nan za su sa shi a addu'a.

Ban ga maƙaryaciya a wasiƙarki ba. Kin amsa gaisuwa yadda aka koya mana, kin kuma tausaya wa tsohuwa. Amma tambayar da Baba Abdulghani ya yi miki ba gaisuwa ba ce. Magidanci ne yake neman sanin ko zai sa uwarsa a mota. Wannan amsar dole a warware ta, kuma a makon nan, kafin ya yanki tikiti.

Shi za ki fara samu, ba Sitti ba. Ki roƙi Ruba ta zauna da ku a inda tsohuwar ba za ta ji ba. Kada ki tsaya dogon ban haƙuri, za ki ruɗe. Ki ce masa hanyar ba ta biyuwa, an kashe mahaifinki a kanta, garin ya watse, kin kasa faɗa ne saboda a gaban Sitti ya tambaya. In bakinki ya ƙi buɗewa, ki miƙa wa Ruba wayarki ki sa Innarki ta yi musu bayani. Yana iya ɓata rai, kuma yana da hakkin haka, domin ya dogara da ke. Ki bar shi ya huce. Ba zan yi miki alkawarin abin da zai yi ba, ban san shi ba. Amma mutumin da bai taɓa ɗaga miki murya ba, da wuya ya kori wadda ta tare iyalinsa daga halaka. In ma abin ya juya, kada ki gudu daga gidan, gudu shi ke lalata takardu. Ki nemi dattawan Hausawan unguwarku su shiga tsakani, ofishin jakadancinmu ma yana nan Jidda.

Maganar Sitti kuwa ba kayanki ba ne ke kaɗai. Ɗanta da likitanta su za su duba yadda za a faɗa mata da lokacin da ya dace. Ana iya fara ce mata hanya ba ta da kyau bana, sauran ya biyo baya a hankali. Amma ni a ganina kada a ɓoye mata har abada. Kina kallonta kamar ƙwai, alhali 'yar matar da ta bar garinsu ta ratso Sudan a ƙasa ce. A kan labarin rabuwa da gida aka raine ta. Tsofaffi sukan ɗauki mugun labari fiye da yadda muke zato. Abin da ba sa ɗauka shi ne su gane kowa ya sani ban da su. Za ta yi kuka. Ki bar ta ta yi, ke ma ki yi tare da ita.

Kuma ki sani rumfuna ne suka ƙone, mutanen kasuwar suna raye a birane. Ki sa Innarki ta bincika a cikin waɗanda suka yi hijira tare, ko akwai tsofaffin da suka san gidan su uwar Sitti. A haɗa su a waya ta ga fuskokinsu, su gaisa, su yi lissafin dangi. In daga baya iyalin sun ga za su iya zuwa babban birni mai kwanciyar hankali a kawo mata mutanen nan su wuni tare, wannan shawararsu ce, sai su tambayi waɗanda suka san hanya a yanzu. In ba ta yiwu ba, tsarabar ta tafi da masu komawa daga Umara. Waɗanda suka rasa komai sun fi kowa bukatar sanin cewa akwai wadda ke cigiyarsu a Jidda.

Abu na ƙarshe naki ne. Kin daɗe kina riƙe da makoki ke kaɗai a gidan mutane, kina dafa shayi kina murmushi. Jiki ba ya jure wannan. Ki samu mace ɗaya 'yar gida da za ki riƙa zama da ita ranar hutunki, ki faɗi sunan Babanki da ƙarfi a gabanta, ki ba da labarinsa. Matar da ke ce miki ɗiyata ma tana da hakkin ta san ɗiyar tata marainiya ce, kuma ina kyautata zaton ranar da ta sani ba za ta sake ki ba.

Ki yi alwala, ki yi raka'a biyu, ki je ki ƙwanƙwasa wa Baba Abdulghani ƙofa. Allah ya ba ki ƙarfin faɗa, ya ƙara wa Sitti lafiya, ya mayar da mutanenku gidajensu cikin aminci.

Anti Nana