Ranar da Madam Wini Ba Ta Tashi Ba

Hayyin Ashir, Alƙahira

Zuwa ga Yaya Azara,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Gaisuwa mai yawa, da fatan takardar nan ta iske ki lafiya, ke da maigida da yara. Allah ya ƙara wa Inna sauƙin gwiwarta, ya ba ki ladan ɗawainiya da ita. Mu ma lafiya lau. Maigidana Abdulnasir ya gama jarabawa, Nana Fatima kuwa ta fara haƙori, duk wanda ya ɗauke ta sai ya sha cizo. Na zaɓi rubutu ne don in waya na buga, daga jin muryata za ki hau tambaya.

Madam Wini ta rasu, yau kwana tara. Tsohuwar Baturiyar Ingilan nan da nake kula da ita a unguwar Dokki, wadda ta aiko miki da mayafi bara. Ban taɓa ba ki labarinta sosai ba. 'Yar tela ce, ta gudu Landan tana da shekara goma sha bakwai, ta yi shekara arba'in tana wasan kwaikwayo a dandali, ana kuma sa ta a fim. Fim ɗin ne ya kawo ta Masar, ta auri wani likita mai suna Mu'tasim, bayan rasuwarsa ta ƙi komawa gida. Ta ce ba a taɓa ba ta matsayin amarya ba. Kullum ita ce gwaggo, ko mai aiki, ko sarauniyar da za ta mutu kafin a tashi. A wasa guda da aka yi ta maimaitawa ta mutu sau ɗari shida, ranar Asabar ma sau biyu. Tana faɗa tana ɗaga kai kamar wadda ta ci gasa.

Da shayin la'asar takan gwada mini. Mutuwar guba daban, ta wuƙa daban, ta baƙin ciki daban. Sai ta langaɓe a kujera, ido buɗe, ko ƙiftawa babu. Ranar farko da salati na ruga wajen mai gadi, na dawo na tarar tana dariya har da tari. Daga nan ta kafa mini doka: ba za ta tashi ba sai na tafa, kuma kada in yi gaggawa, wai ɗan kallo mai hankali yakan bar shiru ya zauna tukuna. Shekara uku muna haka. Na iya jira, Yaya, har yaba mini take.

Waccan Talatar muna shan shayi ta dafe ƙirji, ta dube ni, ta zame gefe, cokali ya faɗi. Na ce a raina yau kam ta ƙure gwaninta. Na naɗe hannu na bar shirun ya zauna, sannan na tafa. Ba ta motsa ba. Na ɗauka tafin ne bai ishe ta ba, don takan yi hakan, sai na miƙe tsaye na ƙara. Har na ce mata khalas, ya isa haka, shayi zai huce. Sai da na taɓa hannunta na gane. Likitan da ya zo ya tambaye ni yaushe ta faɗi, na gaya masa, amma na ɓoye minti goma. Ya ce ma'alish, wato sai haƙuri, zuciya ce, ya rubuta.

Har yau ban yi kuka ba. Ina girki, ina wanki, ina shayar da yarinya, kamar wata ce ke yi ina kallonta. Jiya an yi suna a gidan maƙwabciyarmu Mahasin, mata na ta tafi, na ga hannuwana a kan cinya sun ƙi tashi. Abdulnasir ya ce ajali ne, na kuma sani. Amma bai san da minti goman nan ba, ba wanda ya sani sai ke. Kin shekara ashirin kina aikin asibiti, kin ga masu ciwon zuciya. Ki gaya mini, da na ruga tun faɗuwar cokalin, da an ceto ta? Kada ki lallashe ni, na san lallashinki ko a rubuce.

Kafin ki amsa, ga abin da ban gaya wa likitan ba. A duk mutuwarta ta wasa ba ta taɓa dubana ba, ta ce gwani ba ya kallon 'yan kallo. Ranar nan ta dube ni. Na kuma san wannan ƙa'idar tata, Yaya, amma duk da haka na naɗe hannu.

Ki gaida Inna, da Kawu Illiyasu, da Bukari da Ummul-Khairi. Ki sa ni a addu'a. Ina jiran amsarki.

Ƙanwarki,
Raliya