Rai Casa'in da Tara

Amaryata,

Na wuce asibiti awon jini, kina ta sharar barci ban tashe ki ba. Na'urar gem ɗinki tana kan firij.

Asirinki ya tonu. Sati biyu ina cika baki gaban abokaina, wai tsoho ya gama wasan da ya gagari jikoki. Jiya da la'asar tabarau ya zame min, ɗan mutumin nan na cikin gem ɗin ya faɗa rami, ya taso. Na yi ta jefa shi da gangan har sau goma yana tasowa, alhali rai uku ake bayarwa. Da na tsare babanki, ya ce ke kika yi wa na'urar kutse, kika cusa mata wata manhaja, kika ba ni rai casa'in da tara don kada in ji haushi.

To, na ji. Kafin in dawo ki kwashe kayanki daga cikin na'urar. Da rai ɗaya na kai shekara saba'in da huɗu, babu satar amsa.

Amma in kika ga na dawo likita ya ɓata min fuska, ki bar min biyu.

Kakanki